Mai Riƙon Murya

Litinin, 5 ga Yuni, da hantsi

Hedimasta Tyover ya rufe makaranta, sai abin da hali ya yi. A tsaye ya faɗa mana, hular kwanonsa a ka, babur ɗinsa na ruri a bakin ofis. Na ce masa, to bitar waƙa fa? Saura wata guda bikin sallamar 'yan aji shida.

Ya ce, "Anti Nguavese, mutane na neman inda za su sa haƙarƙarinsu, ke kina neman inda za ki sa do-re-mi."

Sauran malamai suka yi dariya, ni ma na yi. Tun jiya, bayan harin ranar Asabar, mutanen ƙauyukan bakin rafi ke shigowa gari, da tabarmi da tukwane da awaki. An ba su azuzuwanmu, daga aji ɗaya har shida. Ni an bar mini ɗan ɗakin ajiya, inda gangunanmu biyu da zannuwan mawaƙa suke. Na kulle shi, na jefa makullin a jaka.

Laraba, 7 ga Yuni, la'asar

Na je gindin mangwaro inda muke bita. Na san an rufe makaranta, ƙafa ce ta kai ni. Na zauna a kan saiwa har inuwa ta taɓa bangon aji uku, na dawo gida.

Alhamis, 8 ga Yuni, da yamma

Yau na je inda duk gari ya je. Na dawo na wanke baƙin zanena na shanya. Ba zan rubuta wannan ba.

Asabar, 10 ga Yuni, da safe

Ba ni da aji, ba ni da littattafan dubawa. Bari in rubuta abin da ba a taɓa rubutawa ba, ko hannuna ya sami aiki.

Baba Gbenda ne ya kafa mawaƙan firamaren Tse-Gbor, shekara arba'in da wani abu ke nan, tun ana karatu a rumfar ciyawa. Ban riske shi ba. An ce gajere ne, ga saurin fushi, ga kunne kamar na zomo. Ba shi da akwatin kiɗa irin na coci, ba shi da abin da zai ba yara muryar da za su fara a kai, shi kuma maƙogwaronsa a dushe yake tun yana saurayi. Sai ya zaɓi yarinya ɗaya mai kunne, ya koya mata wata 'yar gajeruwar waƙa, ya ce ta riƙe ta ita kaɗai. Duk sa'ad da za a fara waƙa, sai ta rufe ido, ta rera 'yar waƙar a zuci, ta ɗauko muryar farko daga ciki ta fitar: mmm. Kowa ya hau kai. Ya hana ta koya wa sauran, don ya san halin yara. In ta shiga bakin kowa, za a rera ta a rafi, a rera ta wajen kiwon awaki, wani sama wani ƙasa, har a rasa inda take.

Dabara ce kawai ta malamin da ba shi da kayan aiki. Yara suka mai da ita abin da suka mai da ita. Yanzu mai riƙon murya ɗaya ne tak a kowane zamani. Ranar sallama shi yake zaɓar ɗan ƙaramin aji da kansa, su shiga aji shida su biyu, a rufe ƙofa da tagogi, malamin waƙa ya tsaya a waje. Wanda ya bayar ba ya ƙara rera ta har abada.

Shekarata goma sha ɗaya ina koyar da su. Sau uku na tsaya a bakin ƙofar nan. Ban san waƙar ba. Na yi karatun kiɗa a kwaleji, ina karanta rubutun waƙa kamar jarida, amma sai 'yar shekara goma sha biyu ta ce mmm kafin in ɗaga hannu. Da wannan mmm ɗin aka ciwo kofuna daga Gboko da Makurdi, aka sa mu a rediyo har mahaifiyata ta aiko mini da doya don murna.

Iveren ce mai riƙo yanzu, tana aji shida. Kowa ya san wanda take shirin ba wa. Tun zangon farko take tsayar da shi a gabanta a layi, tana gutsura masa ƙosanta, tana murɗe masa kunne in ya yi wasa.

A nan zan tsaya.

Lahadi, 11 ga Yuni, bayan an tashi coci

Na ga Iveren a bencin baya, kusa da kakarta. Aka yi waƙa huɗu, bakinta a rufe. Yarinyar da sai na ce mata, rage wa sauran wuri.

A waje na gaishe da tsohuwar. Ta riƙe hannuna ta ce, "Anti, kawunta na zuwa daga Fatakwal ya ɗauke ta farkon wata. Ni tsohuwar kaza ce, ba na gudu. Amma ita ba zan bar ta nan ba."

Na ce hakan ya yi. Me zan ce? Na dubi Iveren, ita tana duban takalminta.

In ta tafi da waƙar a baki, shi ke nan.

Talata, 13 ga Yuni, la'asar

Gindin mangwaro. Ba kowa.

Alhamis, 15 ga Yuni, da hantsi

Mama Ngohide mai ƙosai ba ta daina zuwa bakin makaranta ba. Ta ce cinikinta ma ya ƙaru, kuɗin ne dai bai ƙaru ba. Ita ce ta huɗu da ta riƙe murya, a hannun wadda ta karɓa daga wadda ta karɓa daga ta farkon. Na zauna a kujerarta na yi ta kewaye-kewaye, har ta gaji.

"Anti, ƙosai kika zo saye ko zuciyata? Faɗi, mai na ƙonewa."

Na ce, in Iveren ta tafi ba ta bayar ba, ko ita za ta koya wa wani yaro.

Ta ajiye matsami ta dube ni. "Kin taɓa ganin an aurar da 'ya, uwa ta koma ta sake aurar da ita? Na bayar tun kina tsumma. Ba tawa ba ce."

"Amma kina tune da ita, Mama."

"Ko ina tune, da wace murya? Ji ni fa. Hayaƙi ya mai da ni kwaɗo. In na ɗauko muku murya, sai dai ku yi waƙar a cikin rijiya."

Ta ƙunsa mini ƙosai a takarda, ta ƙi karɓar komai. Da na miƙe ta ce, a hankali, "Ki bar yarinyar ta huce. Ba ke kaɗai kika yi rashi ba."

Na ci ƙosan ni kaɗai a ɗakin ajiya, a kan ganga.

Litinin, 19 ga Yuni, da yamma

Yara bakwai sun zo! Bakwai cikin arba'in da biyu. Na aika ne gida-gida, ban sa rai ba. Da na hango su tafe sai da na juya baya na gyara ɗankwali, kada su ga fuskata.

Na jera su. Akwai giɓi a layin gaba, na matsar da wata ta rufe shi, ta koma inda take. Na ƙyale.

Hedimasta ya ce mini tuntuni, "Waya ma tana da fiyano, ki danna musu kawai." Na danna. Murya ta fito tsaf, daidai inda Iveren ke ɗaukowa. Na ɗaga hannu, na sauke. Shiru. Na sake dannawa, na ɗaga, na sauke. Suna kallona da idanu kamar na ce su ci ƙasa.

Hembadoon 'yar aji huɗu ta ce, "Anti, ba a ba mu murya ba."

"Ga ta nan na ba ku."

"Wannan ai waya ce."

Ba taurin kai suke yi ba, na san fuskar taurin kai. Bakinsu ne ya ƙi buɗewa. Na sa su tafi da buga ƙafa, muka yi wasan numfashi, na sallame su da wuri saboda dokar hana fita.

Duk lokacin nan wata 'yar yarinya cikin baƙinmu tana leƙe ta tagar aji shida, haɓarta a kan katako. Da yara suka watse, na ji ta tana maimaita muryar wayar tana kankare tukunya. Ba ta kauce ko kaɗan ba. Na tambayi sunanta, ta ce Mlumun. Na ce aji nawa take, ta ce makarantarsu babu ita yanzu. Ta faɗa kamar mai cewa gishiri ya ƙare.

Laraba, 21 ga Yuni, la'asar

Huɗu suka zo. Mun yi tafi.

Juma'a, 23 ga Yuni, da yamma

Na yi abin da bai kamata ba.

Na je gidan su Iveren. Na same ta tana ɓare gyaɗa a tsakar gida. Na zauna na taya ta, na yi mata zancen Fatakwal, na ce akwai ruwa mai faɗi da ba a ganin ƙarshensa. Ta ce to. Sai na fito da waya na ajiye a kan tabarma. Na ce ba sai ta zaɓi kowa ba in ba ta so. Ta rera a nan kawai, ni zan fita waje, ba zan saurara ba, zan adana har ranar da aka sami yaro.

Ta dubi wayar, ta dube ni. Ta kwashe gyaɗarta a zane ta shige ɗaki, ta saki labule.

Kakarta daga bakin murhu ta ce, "Anti, ke da kika yi karatu."

Iyakar abin da ta ce ke nan. Da ma zagina ta yi.

Asabar, 24 ga Yuni

Ruwa tun asuba. Ban fita ba, ba wanda ya zo.

Talata, 27 ga Yuni, da rana

An buɗe ofishin hedimasta don rabon abincin taimako. Na shiga na tarar da babban kofinmu na Makurdi a hannun wata mata, tana auna garin rogo da shi, kofi ɗaya kowane gida. Raina ya ɓaci, na buɗe baki, sai na ga layin ya kai har bakin titi. Na rufe bakina.

Matar ta lura. Ta ce, "Naku ne, Anti? Yi haƙuri, shi ne ba ya cutar kowa. Mudu sai an yi rigima."

Na ce ta ci gaba. Shekara tara yana shan ƙura a kan kabad, yau ya sami aikin yi.

Benci biyu na aji biyar sun shiga murhu. Hedimasta ya gani, ya kau da kai. Ni ma.

Alhamis, 29 ga Yuni, la'asar

Gindin mangwaro. Hembadoon da ƙaninta, da Mlumun a taga. Mahaifin Hembadoon zai kai su Gboko in hanya ta yi kyau. Kullum sai an ce wane ya tafi.

Na tsinci kaina ina gwada ƙago waƙar da kaina a hanya, wai ko zan dace. Kamar mai zana fuskar mutumin da ba ta taɓa gani ba.

Asabar, 1 ga Yuli, da safe

Ushahemba.

Na rubuta. Shi ne yaron da Iveren ke shirin ba wa. Shekararsa takwas, ɗan aji uku, da wushirya, ba ya iya tsayuwa wuri ɗaya. Ya bi babansa gona ranar Asabar ɗin harin don ya ɗauko masa ruwa, bai dawo da rai ba. Zanensa na waƙa, mai ratsin baƙi da fari, yana ɗakin ajiya, na uku daga sama. Ni na rage masa tsawo da hannuna.

Talata, 4 ga Yuli, da yamma

Kawun Iveren ya iso. Motar safe za su bi ranar Juma'a.

Na dafa masara na kai. Ban je da waya ba, na bar ta a gida da gangan. Na ce wa Iveren na zo ba ta haƙuri ne, ba roƙo ba. Babba ma yana kuskure, malami ma yana yi. Na ce in ta tafi da waƙar ba wanda zai ga laifinta.

Muka zauna a bayan ɗaki kusa da kunyar doyar kakarta. Ta daɗe tana juya masarar a hannu. Sai ta ce, "Anti, babu ita a wurina."

Na ce, "Kin manta ne?"

"Na riga na bayar."

Da kyar maganar ta fito. Ashe tun watan Mayu Ushahemba ya dame ta. Kullum a hanyar rafi, Iveren ɗan ɗanɗana mini, Iveren ko layi ɗaya, ai ni za ki ba wa. Ranar nan ta gaji ta ja shi bayan bishiyar lemu ta rera masa, duka, sau biyu. Ya rantse ba zai faɗa wa kowa ba. Bai faɗa ba kuwa.

"Wanda ya bayar ba ya sake rerawa," in ji ta. "Tana wurinsa. An rufe ta da shi. Ni na kashe ta, Anti."

Wata guda yarinyar nan tana ɗauke da wannan ita kaɗai, ni ina can ina lissafin yadda zan ceci waƙa.

Ban san daga ina maganar ta zo mini ba. Na ce, "Iveren, dube ni. A aji shida kuka yi?"

"A'a."

"An rufe ƙofa?"

"Babu ƙofa, Anti, bishiya ce."

"Ni ina tsaye a waje?"

Ta girgiza kai.

Na ce, "To ba a bayar ba. Kina tsammanin don me malami ke tsayawa a bakin ƙofa, don ya kori awaki? In ba malami a waje, ba bayarwa. Abin da kika yi kyauta ce kika yi wa ƙaninki, ya tafi da abinsa, ba mai karɓewa. Amma riƙon yana hannunki har yanzu."

Ta ce, "Haka dokar take?"

Na ce, "Haka take."

Ban sani ba ko haka take. Nan take na ƙaga. Baba Gbenda ya yafe mini, shi ma ai ƙagawa ya yi.

Ta yi kuka sosai, irin wanda ba ta yi ba ranar Alhamis ɗin da aka binne shi. Ba ta ce za ta zo ba, ni ma ban tambaya ba.

Alhamis, 6 ga Yuli

Shiru. Na goge gangunan, ban san don me ba.

Juma'a, 7 ga Yuli, da rana

Bari in bi a hankali.

Da sassafe ana yayyafi aka buga mini ƙofa. Iveren ce, da kayan makaranta, da jakar tafiya a ka. Kawunta na bayanta yana duba agogo.

Ya ce, "Madam, minti goma. Mota ba ta jiran waƙa."

Muka isa makaranta. Na ce wa Iveren sai dai ta yi a ɗakin ajiya, aji shida gida biyar ne a ciki. Ta ce, "Aji shida ne, Anti. Ke kika ce." Bakina ya kama ni.

Na shiga ina ba mata haƙuri su fita na ɗan lokaci. Wata ta ce, "A ruwan nan? Don yara su yi waƙa? An kore mu daga gida, yanzu kuma a kore mu daga aji?" Gaskiyarta. Sai ga Mama Ngohide ta shigo da matsaminta a hannu.

"Ke Kumawuese, ba ke ce mai tsayawa layin baya kina cin gyaɗa zamanin Malam Orngu ba? Yau kin manta abin da ake yi a ɗakin nan? Tashi, 'yar nema, ɗauki goyonki."

Matar ta ce, "Laa, Mama, bayarwa za a yi?" Ta miƙe tana gyara zane, ita ce ma ta shiga tashin sauran. Aka fito da jarirai da wata tsohuwa a kan kujera, aka jeru a baranda.

Hembadoon na nan, ta sha wanka, tana tsaye inda za a gan ta. Na tausaya mata. Iveren ta wuce ta, ta je ta kama hannun Mlumun.

Na matsa na ce a hankali, "Ba ɗalibarmu ba ce, ba sunanta a rajista."

"Tana da kunne, Anti. Ina jin ta tun daga titi. Kuma ita ba ta da inda za ta tafi."

Suka shiga. Na ja ƙofa da hannuna, aka rufe tagogi. Na tsaya a waje na ba ƙofa baya, kamar sau ukun da suka wuce. Ruwa na dukan kwano. Mutum sama da talatin a barandar nan, ba wanda ya yi tari. Kawun ya daina duba agogo. Katakon ƙofar ya tsage daga ƙasa, da na karkata kai kaɗan da na ji. Na taka gaba biyu na shiga cikin ruwan.

Da suka fito Iveren ta rungume ni, kanta bai wuce ƙirjina ba. Ta ce, "Na bayar." Ta ɗauki jakarta. Ban bi su tasha ba.

Litinin, 10 ga Yuli, da yamma

Na rubuta sunan Mlumun a rajistar aji uku. Hedimasta ya ce makarantar da ke rufe ba ta ɗaukar ɗalibi. Na ce ya sa hannu kawai. Ya sa.

Tara suka zo gindin mangwaro, uku cikinsu 'ya'yan baƙi ne. Na jera su. Na sa Mlumun a tsakiya, ba takalmi, rigarta ta yi mata yawa. Matan aji shida suka fito bakin ƙofa da tukwanensu.

Ta rufe ido. Ta daɗe, har na fara jin tsoro. Leɓenta na motsi kaɗan-kaɗan. Sai ta ce mmm.

Ta yi ƙasa da ta Iveren. Kaɗan ne, ba wanda zai gane a wurin sai ni. Wayar na cikin jakata, da dannawa ɗaya zan gyara. Sai na tuna bakuna nawa abin nan ya bi kafin ya iso nan, kuma ba wanda ya san inda Baba Gbenda ya ajiye shi ranar farko.

Yara tara suka ja numfashi tare, suna kallon hannuna.

Na ɗaga.